Abin da Baba Direba Bai Gani Ba

"Ka riƙe mata kafaɗa, Baba, ni zan kama ƙugun," na ce.

Muka juya Mama ta fuskanci bango. Ina yaye zanen da ke bayanta wani wari ya daki hancina, sai da na kau da kai. A ƙasan bayanta, daidai inda ƙashi yake danne katifa, akwai miki mai faɗin tafin hannuna. Bakinsa ja ne, tsakiyarsa ta yi baƙi, yana tsattsafar da ruwa.

"Baba, tun yaushe wannan ya fito?"

"Me fa?"

"Wannan mikin."

Ya sunkuyo har ina jin numfashinsa a hannuna. Ya ƙura wa wurin ido, ya daɗe. Can sai ya karkatar da kai, ya mayar da dubansa kan bango, kamar mai son ya saci kallon abin ta wutsiyar ido. Daga nan ya miƙa yatsu yana lalube. Suna faɗawa cikin danshin ya fizge hannu kamar ya taɓa garwashi.

"Innalillahi," ya ce a hankali. "Na ɗauka katifar ce take wari. Jiya ma sai da na goge ta."

A nan na gane Baba Direba ba ya gani.

Shekara goma sha ɗaya ƙofarmu tana kallon tasu, baranda ɗaya muke sharewa. Shi tsohon direban bas ne, shekara talatin da shida yana zagaya garin nan, kuma abin alfaharinsa shi ne ko kaza bai taɓa takewa ba. Shekara uku ke nan da ɓarin jikin matarsa, Mama, na dama ya shanye, harshenta ya tafi tare da shi. Kalma ɗaya ta rage mata, "to". Baba ya kan ce yana jin "to" ɗinta iri goma sha biyu: akwai ta yunwa, akwai ta fitsari, akwai kuma ta "rufe mini baki, tsohon nan". Shi yake mata wanka, shi yake ba ta abinci, shi yake wanke zannuwa. Ko na ce zan taimaka sai ya ce, "'Yata, je ki ji da 'yan biyunki. Ni da fasinjata mun saba." Ranar nan ma don bayansa ya riƙe ne ya ƙwanƙwasa mini. Sati uku, in ji shi, bai iya juya ta sosai ba, sai dai ya ɗan ɗaga ta ya tura tsumma ya goge.

Ba wai ban taɓa ganin alama ba. Ya sha wuce ni a bakin titi kamar bai san ni ba, sai na yi magana ya ce, "Au, ke ce?" Na taɓa ganin ya tsiyaya shayi a gefen kofi. Amma mutumin da zai sunkuya ya tsinci allura a ƙasa ya miƙo miki, wa zai ce idonsa da matsala? Na bar shi a kan tsufa da tunani.

Na wanke mikin da ruwan gishiri, na rufe da tsumma mai tsabta. Mama ko motsi ba ta yi ba, wajen ba ya jin komai. Da muka fito falo ya lalubi kujerarsa ya zauna.

"Ƙofar can ce ta fara," ya ce, yana nuna ƙofar bayi. "Wata safiya na ga ta lanƙwashe a tsakiya. Na ce wa Tsohuwa kafinta ya cuce mu. Ta ce ƙofa ƙalau take, kai ne ka lanƙwashe. Lokacin tana da baki."

Ya je asibitin ido. Suka ce jini ne yake tsattsafowa a bayan idon, suka fara yi masa allura a cikin ƙwayar idon duk wata. Uku ya samu. Kafin ta huɗu Mama ta faɗi a kicin.

"Yini guda ake yi a layi, washegari kuma idon yana ruwa, ba na iya komai. Wa zan bar mata? Na ce in ta ji sauƙi zan koma."

"Yanzu me kake gani?"

"Gefe. Ina ganin labule, ina ganin takalminki, ina ganin hannunki yana motsi. Fuskarki ce babu. Duk abin da na duba, kamar an dangwala toka da babban yatsa a kansa."

"Maganinta fa? Ya kake gane shi?"

Ya yi ɗan murmushi. "Ita take karantawa. In ɗaga mata kwalin, in ba ta hannuna. Matsa ɗaya shi ne, matsa biyu ba shi ba ne. Agogo ma haka. Gishiri da sukari ma haka. Bayanta ne kawai ba ta iya gani."

Sai ya laluba ya kama bakin mayafina.

"Kada ki gaya wa Malama. Don girman Allah. Ranar da ta ji, ranar za a raba mu."

Malama ita ce 'yarsu ɗaya tilo, tana koyarwa a wata firamare a ɗaya gefen garin. Duk ƙarshen mako take zuwa da ledar lemo da sabulu, ta zauna awa biyu, ta tarar da ɗaki a share, uwarta a gyare da sabon ɗankwali, ta koma hankalinta kwance.

Na yi masa alkawari. Kwana biyu na riƙe shi. Safe da yamma ina shiga in wanke mikin, shi kuma baƙin yana daɗa faɗi. Maigidana, da yake makanike ne ba ya iya kwana-kwana, ya ce, "Wannan ba rufin asiri ba ne. In matar nan ta mutu, da hannunki a ciki." A rana ta uku da safe na taɓa goshin Mama na ji shi kamar murfin tukunya. Leɓenta ya bushe, ko "to" ɗin ba ta iya cewa. Na fita bayan gida inda muke shanya, na kira Malama.

Ko awa ba a yi ba ta iso, da alli a hannun rigarta. Ta duba bayan uwarta, ta dafe bango. Ta fito falo ta tsaya a gaban ubanta, ta ɗaga yatsu uku saitin fuskarsa.

"Baba, yatsu nawa ne?"

"Wane irin wasa ne wannan?"

"Nawa ne, Baba?"

Na ga yana ƙoƙarin karkata kai, sai kuma ya fasa.

"Biyar," ya ce.

Ta fashe da kuka. "Shekara nawa kana ɓoye mini? Ni ba 'yarka ba ce? So kake in zo wata rana in tarar da ita ta ruɓe a kan gado?"

Ya juyo da fuskarsa wajen da nake tsaye a bakin ƙofa, idonsa ya sauka a kan ƙusar da ke bango kusa da kunnena. Na san ni yake kallo. Da zagina ya yi da ya fi mini sauƙi.

Maigidana ya kawo motar wani kwastomansa. Mu uku muka ciccibi Mama a cikin bargo. Da muka zo wucewa ta gaban Baba, hannunta na hagu ya cafki aljihun rigarsa. Mace mai zazzaɓi irin wannan, ban san inda ta samu ƙarfin ba. Sai da Malama ta ɓamɓare yatsun ɗaya bayan ɗaya. Aljihun ya yage.

"Ku sa mata matashi a ƙarƙashin gwiwa," ya ce. "Ba ta son ruwa mai sanyi."

Bayan sati ɗaya Malama ta roƙe ni in raka shi asibitin ido, don ita ba ta iya barin gadon uwarta. Da na kama hannunsa za mu tsallaka titi, ya zare a hankali ya ce, "Bar shi, maƙwabciya, motoci ina ganinsu." Tun ranar da na yi wayar nan bai sake ce mini 'yata ba.

Suka ɗiga masa magani, suka sa haɓarsa a kan wata na'ura, suka ɗauki hoton bayan idon. Likitar yarinya ce da ba za ta wuce sa'ar ƙanwata ba. Ta juyo mana da allon kwamfutarta. Na ga wani abu kamar yankan burodi, sala-sala, a tsakiyarsa wani farin tudu.

"Baba, a bayan ido akwai wani tantani da hoto yake sauka a kansa," ta ce. "Tsakiyarsa ɗan ƙaramin wuri ne, amma da shi ake karatu, da shi ake gane fuska. In shekaru suka ja, wasu mutanen sai ƙananan jijiyoyi marasa ƙwari su tsiro a ƙarƙashinsa, su riƙa yoyon jini da ruwa. Allurar da aka fara maka, yoyon take tsayarwa."

"To a ci gaba. Yanzu ina da lokaci."

"Yoyon ya tsaya da kansa, Baba. Wurin ya warke, amma da tabo ya warke. Farin nan da 'yarka take gani, tabo ne, a duka idanun. Allura ba ta cin tabo."

"A kankare shi mana."

"Ba ya kankaruwa. Abin da ke gani a wurin ya riga ya mutu."

"Da na ci gaba da zuwa fa?"

"Wasu ko da allurar tabon yakan zo. Amma da wataƙila an tsirar da wani abu, ko a ido ɗaya." Ta yi saurin ƙarawa, "Sai dai ba za ka makance gaba ɗaya ba. Ganin gefe zai zauna maka. Akwai gilashin ƙara girman rubutu, akwai kuma masu koya wa mutum yadda zai yi amfani da gefen."

"Na riga na iya," ya ce. Ya miƙe, ya ɗauki hularsa. "Allah ya yi miki albarka. Kin yi bayani yadda direba zai gane."

Mama ta yi sati shida a asibiti. Sau biyu aka shiga da ita aka yanke ruɓaɓɓen naman. Da aka sallame ta, gidan Malama aka wuce da ita, hawa na biyu, ɗaki biyu da falo, da yara biyar. A falon aka kafa mata gado. Gaskiya Malama ba ta yar da ubanta ba. Ta shimfiɗa masa katifa kusa da gadon. Kwana huɗu ya yi. Ya taka kwanon abinci, ya yi tuntuɓe da jakar makaranta ya fasa leɓe, ya shafa man goge takalmi a ƙafar Mama yana zaton man zafi ne, yaran suka yi ta dariya. A rana ta biyar na ji makulli yana karo da ƙofarsu.

"Nan na san inda komai yake," ya ce mini. "Can kuwa kaya ne ni."

Sai ya ɗauki zuwa kullum. Ƙarfe takwas zai fito da rigarsa a goge, ya shiga bas biyu, ƙarfe goma yana gefen gadonta. Ba a bari ya ba ta magani, ba a bari ya juya ta. Ya zauna ya riƙe hannunta na hagu, yana ba ta labarin wanda ya mutu da wanda ya tashi daga layinmu, har yara su dawo makaranta ya kamo hanya. Lambar bas ce ba ya iya karantawa. Mutumin da ya yi shekara talatin da shida a kan sitiyarin motocin nan, sai ya tsaya a tasha yana ce wa baƙi, "Don Allah, wannan ina ta nufa?"

Nakan kai masa abinci. Ya karɓa ya ce, "Madalla, maƙwabciya." Da yamma in tarar da kwanon a bakin ƙofata, an wanke, amma in na leƙa kwandon shararsu sai in ga rabin shinkafar a ciki. Wandonsa ya fara yi masa yawa, har ya huda wa bel ɗinsa sabon rami da ƙusa. Ɗakin da a da nake jin muryarsa ta bango yana tsokanar matarsa, ya koma sai ƙarar rediyo.

Wata Laraba aka tashi da hadari. Na ce masa, "Baba, ka bari ruwan nan ya sauka tukuna."

"Tana duban ƙofa," ya ce, ya wuce.

Ƙarfe goma sha ɗaya Malama ta kira ni, wai mai aikin da ta ɗauka don zama da Mama ta ce bai iso ba. Muka yi ta kiran wayarsa, a kashe. Ruwa kuwa kamar da bakin ƙwarya. Maigidana ya rufe gareji ya hau babur, ya bi tasha-tasha. Sai wajen ƙarfe biyar na yamma ya same shi a bakin wani rufaffen shagon taya, kusa da mararrabar jirgin ƙasa, yana zaune a kan bulo yana karkarwa.

Daga baya ya ba mu labari. A tasha ta biyu kowa ya dunƙule a ƙarƙashin rumfa, ya yi tambaya sau biyu ba wanda ya kula shi. Wata bas ta tsaya, ya ji ƙarar injinta irin ta wadda ya saba shiga, ya hau. Gilashi ya yi hazo, bai ga gefen da yake dogara da shi ba. Sai da ta kai ƙarshen gari, inda aka yi sababbin gine-gine bayan ya bar aiki. Ya ji kunyar ya ce ya ɓata. Ya sauka ya kamo hanya da ƙafa.

Kwana biyu yana tari yana cewa mura ce. A na uku na ji numfashinsa tun daga baranda, kamar ana jan zarto a jiƙaƙƙen katako. Wannan karon ban nemi izinin kowa ba. A asibiti suka ce sanyi ya kama huhun duka biyu, suka sa masa robar iska a hanci.

Muka raba jinya: Malama da yamma in ta taso, ni da safe. Ranar Talata da hantsi ina zaune ina jiƙa masa leɓe da auduga, ya buɗe ido.

"Wa ke nan?"

"Ni ce, Baba."

"Matsa gefe in gan ki."

Na ja kujerata zuwa wajen kafaɗarsa. Ya kafa idonsa a kan silin.

"Kin rame," ya ce.

"Kai ma haka."

Ya so ya yi dariya, tari ya sarƙe shi. Da ya lafa ya ce, "Mikin nan fa?"

"Ya rufe. Malama ta ce nama ya ciko."

"Kin gani da idonki?"

"Na gani. Ranar Asabar na je."

Ya daɗe yana jan numfashi. A gadon da ke kusa wani mutum yana faɗa da matarsa a kan ta manta cokali.

"Da an bar ta a hannuna da ya kashe ta," ya ce. "Na sani. Tun ranar na sani." Ya sake hutawa. "Amma na kasa ce miki na gode. Na gwada, ya ƙi fita. Kada ki riƙe ni."

"Ban riƙe ka ba, Baba. Ni ma ka yafe mini."

Bai ce ya yafe ba, bai ce bai yafe ba. Ya ce, "Ƙarfe nawa?"

"Sha ɗaya saura."

"Na makara," ya ce.

Bai ƙara magana ba. Wajen sha biyu da rabi numfashin ya fara nisa da juna. Na kira nas, ta zo ta duba, ta ja labule. Kafin Malama ta samu wanda zai riƙe mata aji ta iso, ya cika. Ni na rufe masa ido. A ranar aka kai shi makwancinsa. Tsofaffin direbobi shida suka zo, ɗayansu da sanda, suna ta faɗin yadda yake tsayar da bas cak a bakin layi ko ruwan da ke kofi ba ya zubewa.

Bayan kwana huɗu na je gidan Malama. A matakala ta tare ni.

"Ba mu gaya mata ba," ta ce da ƙaramar murya. "Jininta ya hau, ina tsoro. Mun ce ƙafarsa ce take ciwo. Don Allah kada ki nuna mata komai."

Na shiga da sallama. Mama tana jingine da matasai uku, an tsefe mata kai. Ta dube ni, ta dubi bayana, ta ga ba kowa. Na zauna na ɓare mata lemo, na cire 'ya'yan, na kai ɓari ɗaya bakinta. Ba ta buɗe ba.

"Mama, ko kaɗan?"

"To," ta ce. Ban san wace iri ba ce.

Agogon bango ya nuna goma da 'yan mintoci. Can ƙasa aka buɗe ƙofar gidan, wani ya fara hawowa a hankali, yana tsayawa a kowace matakala yana jan ƙafa. Mama ta ɗago kai daga matashi. Hannunta na hagu ya buɗe a kan bargo. Takun ya iso daidai ƙofarmu, ya ɗan dakata kamar mai huta gajiya, sannan ya ci gaba zuwa hawa na uku.

Ba ta mayar da kanta ba. Ni kuma ina riƙe da ɓarin lemon, ruwansa yana bin yatsuna.